Wankin ƙoda a Zamfara: Kuskuren da ba a rubuta ba ba ya gyaruwa

A cikin babban kundin da Hukumar Lafiya ta Duniya ta jera cututtuka da raunukan ɗan Adam, ta ba kowanne lambarsa, akwai wata lamba da ba kasafai ake jin labarinta ba, wato Y61.2. Ma'anarta ita ce an manta da wani abu a jikin majinyaci bisa kuskure yayin da ake yi masa wankin ƙoda. Wanda bai san aikin asibiti ba zai iya tambaya, ina ruwan mutumin Gusau ko Tsafe ko Bunguɗu da wasu haruffa da alƙaluma da aka tsara a Janeba? Amsata ita ce, ruwansa ne ƙwarai, domin rayuwar wani daga cikinmu tana iya rataya a kan ko an rubuta wannan lamba a katinsa ko kuwa an yi shiru. Ba na tuhumar wani asibiti ko wani likita a jiharmu da aikata wannan kuskure. Abin da nake son mu duba shi ne, ranar da hakan ta faru, shin tsarin da muke da shi zai iya gane shi, ya kira shi da sunansa, ya kuma hana a maimaita?

Bari mu fara da yadda aikin yake. Idan ƙodojin mutum suka gaza, datti da ruwan da ya kamata su fita ta fitsari sai su taru a jini. Na'urar wankin ƙoda, wadda likitan nan ɗan ƙasar Holan, Willem Kolff, ya fara haɗawa a 1943, tana janyo jinin ne zuwa waje, ta tace shi, ta mayar da shi jiki. Ƙa'idar da aka sani ita ce sau uku a mako, kowane zama kamar awa huɗu. Kafin jini ya fita ya dawo da irin wannan yawa, dole a samar masa ƙofa. Ƙofar da ta fi aminci ita ce ƙaramar tiyatar da ake yi a hannu, a haɗa jijiyoyin jini biyu, amma tana buƙatar makonni kafin ta nuna a fara amfani da ita. Mafi yawan masu ciwon ƙoda a ƙasarmu ba sa zuwa asibiti sai abu ya yi tsanani, jiki ya kumbura, numfashi ya fara sarƙewa. A irin wannan hali babu lokacin jira, sai a zura bututun roba a babbar jijiyar wuya ko ta saman cinya.

Wajen zura wannan bututu ne hatsarin yake. Dabarar da ake bi, wadda likitan ƙasar Suwidin, Sven Ivar Seldinger, ya bayyana a 1953, ita ce a soka allura a jijiya, a zura wata siririyar waya ta cikin allurar, a zare allurar, sannan a bi ta kan wayar a tura bututun, daga ƙarshe a zare wayar. Tsawon wayar kan kai rabin mita ko fiye. Muddin mai aikin ya sake ta na ɗan lokaci, ko hankalinsa ya rabu saboda gaggawa ko gajiya, tana iya sulalewa gaba ɗaya zuwa cikin jijiya, a ɗinke bututu, a rufe da filasta, kowa ya tashi yana zaton an gama lafiya. Haka kuma wani ɓangare na bututun kansa yana iya karyewa lokacin cire shi, jini ya tafi da shi zuwa zuciya ko huhu. A wajen tiyatar haɗa jijiyoyi ko sanya bututun wanki ta ciki, ana iya mantuwa da ɗan ƙyallen da ake tsane jini da shi.

Abin da aka bari a jiki ba lallai ne ya nuna kansa a ranar ba. Wani majinyacin zai yi makonni ko watanni ba tare da wata alama ba, sai an ɗauki hoton ƙirjinsa don wani dalili na daban a ga waya kwance. Wani kuwa zai fara zazzaɓin da ba ya jin magani saboda ƙwayoyin cuta sun sami wurin fakewa, ko jini ya daskare ya toshe jijiya ƙafa ta kumbura, ko bugun zuciya ya rikice, ko kuma wayar ta huda jijiya. Idan an gane da wuri, sau da yawa ana iya ciro ta ta cikin jijiyar da wani ɗan tarko, ana kallo a na'urar hoto. Idan an makara, aikin yana ƙara wuya, hatsarinsa kuma yana ƙaruwa.

To, mece ce lambar cuta, kuma daga ina ta samo asali? Tun a 1893 wani masanin ƙididdiga Bafaranshe, Jacques Bertillon, ya gabatar da jerin dalilan mutuwa a wani taro a birnin Shikago na Amurka, domin ƙasashe su riƙa ƙirga matattunsu da ma'auni ɗaya. A 1948 Hukumar Lafiya ta Duniya ta karɓi ragamar jerin, ta faɗaɗa shi ya haɗa da cututtukan masu rai. Bugu na goma, wanda aka fi sani da ICD-10, an amince da shi a 1990, ƙasashe suka fara aiki da shi daga 1994. Bugu na goma sha ɗaya ya fara aiki a ranar 1 ga Janairun 2022, ko da yake ƙasashe da dama har yanzu suna kan na goma. Amfanin lambar shi ne, abin da likita ya rubuta a Gusau da hannunsa mai wuyar karantawa ya zama abu guda da jami'i a Abuja ko mai bincike a Alƙahira zai fahimta ba tare da tafinta ba, kuma a iya tara irinsa a ƙirga.

Abin da ya fi burge ni a wannan kundi shi ne yadda yake rarrabe al'amura dalla-dalla. Mutumin da rayuwarsa ta dogara ga na'urar wanki lambarsa Z99.2. Idan bututun wanki ya toshe, ko ya goce, ko ya lalace, lambar ita ce T82.4. Idan an yi aikin bisa ƙa'ida amma duk da haka jikin majinyaci ya sami matsala, akwai Y84.1, wadda ke nuna cewa ba a ambaci wani kuskure ba. Idan aka huda wani wuri ba da niyya ba yayin wanki, Y60.2 ce. Idan aka yi sakaci da tsabtar kayan aiki, Y62.2. Idan kuwa mantuwa aka yi da wani abu a jiki, sai a rubuta lambobi biyu: T81.5, wadda ke bayyana illar da abin ya haifar, da Y61.2, wadda ke faɗin cewa a wajen wankin ƙoda ne abin ya faru. Amurkawa, waɗanda suka koma amfani da nasu faɗaɗɗen kundin a ranar 1 ga Oktoban 2015, sun ƙara tsattsefe shi: T81.512 idan abin ya sa nama ya manne da nama, T81.522 idan ya toshe hanya, T81.532 idan ya huda, sannan a ƙara harafin A idan ana kan maganin matsalar, D idan ana bibiyar warkewa, S idan illar da ta bari a baya ake dubawa.

Mai karatu zai lura cewa wannan rarrabewa kariya ce ga likita kamar yadda take kariya ga majinyaci. A garuruwanmu, idan mara lafiya ya rasu bayan an yi masa aiki, zance kan rabu biyu. Wasu su ce kwana ne ya ƙare, a rufe bakin kowa. Wasu su ce likitoci ne suka kashe shi, jita-jita ta cika unguwa da Facebook. Kundin lambobi yana tilasta a tsaya a tantance: cutar ce ta yi ƙarfi, ko kayan aiki ne suka gaza, ko hannun ma'aikaci ne ya kuskure? Akwai ma lokacin da likita zai ga cewa barin wani ɗan guntun abu a ƙarƙashin fata ya fi alheri a kan yanka mutum don a ciro shi, ya bar shi da saninsa, ya rubuta, ya kuma shaida wa majinyaci. Wannan ba mantuwa ba ce, kuma ba lambar mantuwa ake ba shi ba. Likitan da ya yi aikinsa daidai ba shi da shaidar da ta fi kati mai cikakken bayani.

Yanzu mu dawo gida. Manyan asibitocin Zamfara biyu, Cibiyar Lafiya ta Tarayya da Asibitin Ƙwararru na Yariman Bakura, duk suna Gusau ne. Mai ciwon ƙoda daga Tsafe, ko daga Bunguɗu da Kwatarkwashi da Nahuce, can yake nufa, idan abin ya fi ƙarfin nan kuma a tura shi Sakkwato ko Zariya ko Kano. Mu ɗauka wani magidanci ne daga wani ƙauye a ƙasar Tsafe, an sa masa bututu a wani babban asibiti, an yi masa wanki sau uku, kuɗi suka ƙare, aka cire bututun ya koma gida. Bayan kwana goma zazzaɓi ya rufe shi. Da irin halin da hanyoyinmu suke ciki na rashin tsaro, ga tsadar mota, ba zai koma inda aka yi masa aiki ba. Zai fara da kemis, daga nan asibitin da ya fi kusa. Ma'aikacin da zai karɓe shi bai ga fayil ɗinsa ba, domin fayil yana can inda aka buɗe shi. Abin da ke hannun majinyacin bai wuce ɗan katin da ke ɗauke da lambar rajista da rasit na biyan kuɗi ba. Me ma'aikacin zai yi zato in ba maleriya ko taifod ba? Haka za a yi ta allura da ƙarin ruwa, alhali abin da ke cinsa yana kwance a jijiya.

Da a ce an sallame shi da takarda guda mai ɗauke da ranar da aka sa bututu, da jijiyar da aka bi, da tabbacin cewa an ga wayar ta fita cikakkiya, da lambobin cutarsa, da ma'aikacin ya san inda zai fara dubawa. Da a ce kuma, bayan an gano matsalar, an rubuta T81.5 da Y61.2 an aika da rahoto, da asibitin farko ya sami labari ya binciki yadda aka yi. Idan ba haka ba, za a rubuta cewa ciwon ƙoda ne ya yi ajalinsa, a binne shi tare da wayar da kuma darasin da ya kamata a koya.

Mu Zamfarawa mun fi kowa sanin illar kiran cuta da sunan da ba nata ba. A 2010, lokacin da yara suka riƙa mutuwa a ƙauyukan Anka da Bukkuyum, da farko maganin maleriya da na sanƙarau aka riƙa ba su, domin alamun sun yi kama. Sai da ma'aikatan ƙungiyar likitocin nan ta MSF suka lura cewa yawan mace-macen ya wuce misali kuma magani ba ya aiki, aka gwada jini, aka gano gubar dalma ce daga duwatsun zinare da ake niƙawa a cikin gidaje. Sama da yara 400 aka ƙiyasta sun rasu. Ita ma wannan guba tana da lambarta, T56.0, kuma tana daga cikin abubuwan da ke lalata ƙoda a hankali. Yaran da suka tsira a wancan lokaci yanzu samari ne da 'yan mata. Ƙirgawa ce ta tona asirin waccan annoba, kuma ƙirgawa ce kaɗai za ta nuna mana idan ciwon ƙoda ya fara yawa a waɗancan yankuna.

Wanda yake ganin mantuwa da kayan aiki a jikin mutum labarin ƙasashen waje ne, ya tuna abin da ya faru a Kano. A watan Janairun 2026 wata mata ta rasu bayan ta shafe watanni tana fama da ciwon ciki, daga baya hoto ya nuna almakashi a cikinta, wanda aka bari tun lokacin da aka yi mata tiyata a Cibiyar Cututtukan Mafitsara ta Abubakar Imam. Hukumar Kula da Asibitoci ta Jihar Kano ta amsa cewa an yi sakaci, ta dakatar da ma'aikata uku. Wannan tiyata ce, ba wankin ƙoda ba, amma darasin ɗaya ne. Almakashi ƙarfe ne babba da ake iya ƙirgawa a kan tire kafin aiki da bayansa. Idan har za a iya mantawa da shi, ina ga siririyar wayar da ake jefawa a kwandon shara ba tare da kowa ya duba ba?

A Ingila, hukumar lafiyarsu ta sanya barin abu a jikin majinyaci, har da irin wannan waya, cikin jerin abubuwan da ta ce bai kamata su taɓa faruwa ba, kuma tana wallafa adadin da aka samu ga jama'a. A Amurka, daga Oktoban 2008, shirin inshorar lafiya na gwamnati na Medicare ya daina biyan asibiti ƙarin kuɗin jinyar da ta taso daga irin wannan kuskure. Ta hanyar lambobin da ke cikin takardun neman biya ake gane hakan. Waɗannan ƙasashe ba su kuɓuta daga kuskure ba. Bambancinsu da mu shi ne suna iya faɗin sau nawa ya faru a bara, a wane sashe, da kuma matakin da aka ɗauka.

Na san abin da wasu za su ce: jihar da ke fama da ƙarancin likitoci, da rashin wuta, da 'yan bindiga, da majinyatan da ke sayar da gona don zama biyu na wanki, ita ce za a dama da maganar lambobi? Ƙorafin yana da tushe. Tsadar wanki ita ce babbar mai kashe masu ciwon ƙoda a Najeriya, shi ya sa a 2025 Gwamnatin Tarayya ta sanar da rage kuɗin zama guda daga naira 50,000 zuwa naira 12,000 a wasu zaɓaɓɓun asibitocinta. Sai dai a duk gyare-gyaren da fannin lafiya ke buƙata, wannan ne mafi araha. Ba ya buƙatar na'ura daga waje ko kwangila. Biro ne da takarda da ma'aikacin da aka horar, sai kuma shugabancin da ba ya tsoron gaskiya. Kuma duk lokacin da aka ƙara na'urorin wanki, za a ƙara yawan bututun da ake zurawa, sau da yawa a hannun ƙananan likitocin da suka kwana a bakin aiki. Faɗaɗa aiki ba tare da faɗaɗa rubutu ba ƙara ƙofofin hatsari ne.

Doka ma tana tare da wannan kira. Dokar Lafiya ta Ƙasa ta 2014 ta wajabta wa kowace cibiyar lafiya ajiye bayanan duk wanda ta duba, da kiyaye sirrinsu, da kuma sanar da majinyaci halin da lafiyarsa take ciki. Kundin haƙƙin majinyata da aka ƙaddamar a 2018 ya ba shi damar ganin bayanansa. Akwai kuma hukuma ta musamman da ke rajistar jami'an adana bayanan lafiya a ƙasar nan. Sai dai a idon mutane da yawa, har da wasu shugabannin asibitoci, sashen kati wuri ne kawai na karɓar kuɗi da ɗauko fayil, alhali ma'aikacin wannan sashe shi ne ke mayar da rubutun likita ya zama lambar da gwamnati za ta iya tsara aiki da ita.

Tun da Gwamna Dauda Lawal ya ayyana dokar ta-ɓaci a fannin lafiya a farkon 2024, hankali ya fi karkata ga gine-gine da kayan aiki. Ina roƙon Ma'aikatar Lafiya ta jiha da shugabannin asibitocinmu su haɗa da waɗannan. Na farko, duk lokacin da aka sa bututun wanki, ma'aikata biyu su ga wayar da idonsu bayan an zare ta, su duba cewa ba ta guntule ba, su sa hannu. Haka kuma a duba bakin bututu ranar cire shi. Na biyu, kada a sallami mai wankin ƙoda sai da takarda mai bayanin abin da aka sa masa da abin da aka cire, tare da lambobin cutarsa, da gargaɗi cikin Hausa cewa idan ya ji zazzaɓi ko kumburi ko faɗuwar gaba ya nuna takardar a asibiti mafi kusa. Na uku, a sanar da ma'aikatan manyan asibitocin Tsafe da Bunguɗu da sauran ƙananan hukumomi cewa zazzaɓi a jikin wanda aka taɓa sa wa bututu ba a yanke masa hukuncin maleriya sai an duba jijiyar an ɗauki hoto. Na huɗu, Kwalejin Kimiyyar Lafiya da Fasaha ta Tsafe ta ba koyar da lambobin cututtuka muhimmanci, gwamnati kuma ta ɗauki waɗanda suka ƙware aiki. Na biyar, asibitin da kuskure ya faru a hannunsa shi zai ɗauki nauyin gyara, bai kamata a sake miƙa wa iyalin da aka cuta takardar biyan kuɗi ba.

Akwai sharaɗi guda wanda idan babu shi duk waɗannan ba za su yi aiki ba. Ma'aikacin da ya kawo rahoton kuskure da kansa, cikin gaggawa, bai kamata a yi masa hukunci daidai da wanda ya ɓoye ba. Idan kowane rahoto zai zama sanadin kora ko tozarci, babu wanda zai rubuta Y61.2 har abada, kuma kundinmu zai fito fes alhali maƙabartu suna cika. Sakaci na ganganci da ɓoye gaskiya suna da wurin hukunci, wato Majalisar Kula da Aikin Likitoci ta Najeriya da kotuna. Amma kuskuren da aka bayyana a kan lokaci, aka ceci rai, aka gyara tsari, riba ce ga kowa. Gyara kayanka ba ya zama sauke mu raba.

Ga 'yan uwana masu jinyar iyaye ko 'ya'ya ko mazaje, kada wannan bayani ya sa ku guji asibiti. Irin wannan kuskure ba kullum yake faruwa ba, wankin ƙoda kuwa yana ceton rayuka a kowace rana, kuma jiƙe-jiƙen da ba a san abin da ke cikinsu ba suna daga cikin abubuwan da ke ƙarasa ƙodar da ta raunana. Abin da nake so ku riƙe shi ne tambaya cikin ladabi. Likita, me aka sa masa? An cire duka? A ina aka rubuta? Ko za a ba mu takarda mu tafi da ita? Likitan kirki ba ya jin haushin waɗannan tambayoyi, domin shi ma yana son majinyacinsa ya isa Tsafe ko Bunguɗu da bayanin da zai taimaki abokin aikinsa na can. Allah Ya ba marasa lafiyarmu sauƙi, Ya kuma ƙarfafi masu kula da su.